Ranar da layin takarda ya zama iyaka: makiyaya da fataken Kwarin Fargana

Gaisuwa ta musamman ga waɗanda ke ruga, da waɗanda ke bakin mashaya da rediyo rataye a kafaɗa, da fataken da ke zaune a gindin mota suna jiran a duba takardunsu. Yau tafiyar tamu mai nisa ce. Za mu je tsakiyar nahiyar Asiya, wani wuri da ake kira Kwarin Fargana. Mai yiwuwa ba ku saba jin sunan ba, amma yankin ba baƙo ba ne gare mu. Imamu Buhari mai littafin hadisi mutumin Bukhara ne, Imamu Tirmizi kuma mutumin Tirmiz, kuma garuruwan nan biyu yau suna cikin ƙasar Uzbekistan, ɗaya daga cikin ƙasashe uku da suka raba wannan kwari. Sauran biyun su ne Kirgistan da Tajikistan.

Har zuwa watan Disamba na 1991, dukansu uku suna cikin ƙasa ɗaya, Tarayyar Sobiyet, babbar ƙasar 'yan gurguzu mai hedikwata a Mosko. Da ta wargaje sai ta zama ƙasashe 15. To, tambayarmu ta yau ita ce: idan ƙasa ta rabu haka, yaya makiyayin da gidansa ya faɗa wata ƙasa, filin kiwonsa kuma ya faɗa wata, zai yi? Yaya ɗan kasuwar da gada ɗaya ce tsakaninsa da masu sayen kayansa zai yi?

Bari mu fara da fasalin wurin. Kwarin Fargana tsawonsa ya kai kimanin kilomita 300, manyan duwatsu sun kewaye shi kusan ta ko'ina. Ruwan sama bai cika yawa ba, don haka noman wurin na ban-ruwa ne, da ruwan ƙanƙarar da ke narkewa a kan duwatsu tana gangarowa. Mutum fiye da miliyan goma ke zaune a ciki, kuma galibinsu Musulmi ne. Kirgizawa su aka sani da kiwo: tumaki, dawakai da shanu. Idan zafi ya shigo sai su hau tudu da dabbobinsu zuwa wurin kiwon da suke kira jailo, su kafa bukkokinsu na ulu, idan sanyi ya kawo jiki su sauko. Uzbekawa da Tajikawa kuwa sun fi yawa a gonaki da garuruwa, manoma ne da masu sana'a da 'yan kasuwa. Harshen Kirgizawa da na Uzbekawa 'yan'uwan harshen Turkiyya ne, na Tajikawa kuma ɗan'uwan Farisanci ne na Iran. Shekaru aru-aru suna haɗuwa a kasuwa ɗaya. Na tudu ya kawo nama da nono da ulu, na kwari ya ba shi hatsi da shinkafa da busassun 'ya'yan itace.

Daga 1924 ne mahukuntan Mosko suka fara yanka yankin jamhuriya-jamhuriya, kowace da sunan ƙabila guda. Tajikistan ta zama cikakkiyar jamhuriya a 1929, Kirgistan a 1936. Sai dai mutane ba su zauna a jere kamar yadda masu zanen taswira suke so ba. Garin Osh, mai Uzbekawa da yawa, ya faɗa Kirgistan. Samarkand da Bukhara, inda ake jin Tajikanci sosai, suka faɗa Uzbekistan. Har aka samu wasu yankuna da suka zama kamar tsibiri. Ga Sokh, yanki ne na Uzbekistan, ƙasar Kirgistan ta kewaye shi ta kowane ɓangare, mazaunansa kuma kusan dukansu Tajikawa ne. Ga Vorukh, yankin Tajikistan ne, shi ma a tsakiyar ƙasar Kirgistan. Ban da haka, an riƙa rubuta ƙabilar kowane mutum a cikin fasfonsa.

A wancan zamani wannan duka bai dami talaka ba, domin layin a takarda kawai yake. Babu shinge, babu kwastan, kuɗi ɗaya ne. Gonaki da dabbobi na manyan gandayen gwamnati ne, waɗanda ake kira kolhoz. Gandun da ke Tajikistan yana iya tura garkensa kiwo a duwatsun Kirgistan bisa yarjejeniya tsakanin hukumomi, idan an samu saɓani Mosko ta raba gardama. Ruwa ma haka. An gina babbar madatsar Toktogul a kan kogin Narin cikin Kirgistan, ana tara ruwa lokacin sanyi, a sake shi lokacin zafi domin gonakin auduga na Uzbekistan. Su kuma Kirgizawa a aika musu iskar gas da kwal su ji ɗumi da hunturu. Kada mu ce zamanin ba shi da zalunci. An tilasta wa makiyaya zama wuri ɗaya, an ƙwace dabbobi, an rufe masallatai da yawa. Amma dai akwai tsari, kowa ya san ranar ruwansa da hanyar garkensa.

Tun kafin ƙasar ta gama faɗuwa aka ga alama. A watan Yuni na 1990, a Osh, hukuma ta yanke shawarar ba Kirgizawan da suka baro ƙauye filayen gina gidaje a cikin gonar wani gandu da Uzbekawa ke nomawa. Kowane ɓangare yana da hujja: waɗannan ba su da matsuguni, waɗancan kuma gonar ce abincinsu. Faɗa ya ɓarke, ya bazu zuwa garin Uzgen, aka kashe mutum fiye da 300 kafin sojojin Sobiyet su kwantar da shi. Ku lura da mafarin abin, jama'a: fili ne.

Da aka samu 'yanci, kowace sabuwar ƙasa ta shiga aikin gina kanta. Aka ɗinka tuta, aka tsara taken ƙasa, aka buga kuɗi. Kirgistan ta fitar da nata kuɗin, som, a watan Mayu na 1993, daga baya sauran ma suka fitar da nasu. Kowace ta nemo gwarzonta na tarihi. A Tashkent, babban birnin Uzbekistan, an sauke gunkin Karl Marx aka kafa na Amir Timur a kan doki. Kirgistan ta yi bikin shekara dubu na labarin jaruminta Manas a 1995. Tajikistan ta ɗauki Isma'il Somoni, har ta sa wa kuɗinta sunansa a 2000. Ba laifi ba ne al'umma ta yi alfahari da kakanninta. Matsalar ita ce kowace ƙasa an yi mata suna da ƙabila ɗaya, alhali ba ita kaɗai ke ciki ba. A Kirgistan, kusan mutum ɗaya cikin bakwai Ba'uzbeke ne, yawancinsu a kudu. Shugaban ƙasar na farko, Askar Akayev, ya fito da taken cewa Kirgistan gidan kowa ne, aka kuma kafa majalisar ƙabilun ƙasar. Amma a aikace, Uzbekawa suna da yawa a kasuwa, ba su da yawa a aikin ɗan sanda da soja da kotu. Kirgizawan karkara kuwa, waɗanda gandayen gwamnati suka rushe suka bar su hannu rabbana, suna shigowa birni su tarar shaguna da gidajen abinci a hannun wasu. Kowa yana ganin shi aka cuta.

Domin kada a ɗauka ƙabila ce kaɗai ke haɗa faɗa, dubi Tajikistan. Daga 1992 zuwa 1997 ta yi yaƙin basasa wanda ya ci dubun dubatar rayuka, kuma yawancin masu faɗan 'yan ƙasa ɗaya ne, addini ɗaya, rikicin na ɓangaranci ne da neman mulki. Da aka zo sulhu a Mosko a watan Yuni na 1997, abin da ya tsayar da wutar shi ne rabo: an amince a ba 'yan adawa kashi 30 cikin ɗari na muƙaman gwamnati.

Yanzu mu zo kan abin da ya fi shafar masu saurarenmu. A watan Fabrairu na 1999 bama-bamai suka tashi a Tashkent, a damina ta wannan shekara kuma wasu 'yan bindiga suka kutsa yankin Batken na Kirgistan. Gwamnatin Uzbekistan ta Islam Karimov ta mayar da martani da shingen waya, da tsaurara shiga da fita, har da binne nakiyoyi a wasu sassan iyakarta da Tajikistan da Kirgistan. Su wa suka fi taka nakiyoyin nan? Makiyaya, da masu neman itace, da dabbobi. Tunkiya ba ta san iyaka ba, yaron da ke bin ta ma bai ga layi a ƙasa ba.

'Yan kasuwa su ma sun ɗanɗana. Kirgistan ta shiga ƙungiyar ciniki ta duniya a 1998, harajin shigo da kaya ya yi sauƙi, sai kayan Sin suka riƙa kwararowa. Kasuwar Dordoi da ke Bishkek, babban birnin ƙasar, wadda rumfunanta kwantenoni ne da aka ɗora wani kan wani, ta zama ɗaya daga cikin mafiya girma a yankin. A kudu kuma akwai kasuwar Kara-Suu kusa da Osh, daf da iyaka. Garin a da ɗaya ne, hanyar ruwa ce ta ratsa shi, rabi ya faɗa Kirgistan, rabi Uzbekistan. Uzbekawa suna tsallaka gada su sari kaya su koma. A farkon shekarun 2000 hukumomin Uzbekistan suka rushe gadar domin hana wannan ciniki. Cinikin bai tsaya ba. Mutane suka koma tsallakawa da igiya da tayar mota, wasu ruwa ya tafi da su, kaya suka yi tsada, masu karɓar na goro suka samu abin yi. Wanda ya taɓa ganin an rufe iyaka ya san wannan labari ba sai an faɗa masa ba.

Sai 2010. A watan Afrilu aka hamɓarar da shugaban Kirgistan Kurmanbek Bakiyev, wanda ɗan kudu ne, gwamnatin riƙon ƙwarya kuma ba ta gama kama ƙasa ba. Hausawa na cewa sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. A watan Yuni faɗa ya tashi a Osh da Jalalabad. Cikin kwana huɗu aka kashe mutum fiye da 400, aka ƙone unguwanni da kasuwanni, kimanin mutum 400,000 suka bar gidajensu. Kwamitin bincike na ƙasa da ƙasa, ƙarƙashin wani ɗan siyasar Finland mai suna Kimmo Kiljunen, ya gano cewa akasarin waɗanda aka kashe Uzbekawa ne, haka kuma akasarin waɗanda aka gurfanar a kotu daga baya su ma Uzbekawa ne. Majalisar dokokin Kirgistan ta yi watsi da rahoton, ta hana shi shiga ƙasar. A 2014 kuma aka daina ba da damar rubuta jarrabawar shiga jami'a da harshen Uzbekanci. An sake gina gidaje, kasuwa ta ci gaba da ci, amma raunin rashin adalci bai warke da wuri ba.

A ɓangaren iyakar Kirgistan da Tajikistan kuwa, wadda tsawonta ya kusa kilomita dubu, wani babban sashe nata ya daɗe ba a shata shi ba. Dalili? Kowa da taswirarsa. Tajikawa suna kafa hujja da taswirorin shekarun 1920, Kirgizawa da na ƙarshen shekarun 1950, kuma duka biyun Sobiyet ce ta zana su. A wasu ƙauyuka gidan Bakirgize yana jingine da na Batajike, hanya ɗaya suke bi, ruwa ɗaya suke sha.

A 2009 Kirgistan ta yi sabuwar dokar filayen kiwo. Ta miƙa kula da filayen ga kwamitocin makiyaya na kowane yanki, su ke karɓar kuɗin kiwo su gyara hanya da mashaya. Ga makiyayin Kirgistan wannan ci gaba ne. Amma dokar ta hana baƙo kiwo sai idan akwai yarjejeniya tsakanin gwamnatoci, kuma ba a ƙulla irin wannan yarjejeniya da Tajikistan ba. Ƙauyukan Tajikawa na bakin iyaka suna da dabbobi, ba su da filin kiwon da zai ishe su. To, sai aka koma bayan fage. Batajike ya damƙa dabbobinsa ga makiyayi Bakirgize, ya biya ninkin abin da ɗan ƙasa ke biya. Idan dabba ta ɓata ko ta mutu, ba shi da inda zai kai ƙara, tun da a idon doka dabbarsa ba ta nan. Idan masu gadin iyaka suka kama garke, sai tara ko ƙwace. Ƙaramar magana, wadda a da dattawan ƙauye, waɗanda suke kira aksakal, wato masu farin gemu, za su kashe a zaune, sai ta koma hannun matasa masu jifa da duwatsu, bayansu kuma sojoji masu bindiga.

Haka aka yi ta tafiya har ƙarshen watan Afrilu na 2021. Akwai wata mararrabar ruwa a kan kogin Isfara, ana kiranta Golovnoy, inda ake raba ruwa tsakanin ɓangarorin biyu. Jami'an Tajikistan suka ɗaura kyamara a kan turken lantarki domin sa ido a wurin, mutanen Kirgistan suka ce ba su yarda ba. Daga jifa sai harbi, daga harbi sai manyan bindigogi. Aka kashe mutum fiye da 50, aka ƙone gidaje da makarantu da shaguna. Kirgistan ta rufe iyakar gaba ɗaya. A watan Satumba na 2022 faɗan ya dawo fiye da na farko, da tankokin yaƙi da jirage marasa matuƙi. Mutum fiye da 100 suka mutu, aka kwashe fiye da mutum 100,000 daga ƙauyukan Batken. Wannan fa tsakanin ƙasashe biyu ne Musulmi, matalauta, waɗanda 'ya'yansu da yawa suke cin rani tare a biranen Rasha, suna aika kuɗi gida.

To, ta ina gyara ya fito? Ya fara ne daga Uzbekistan. Bayan rasuwar Karimov a 2016, Shavkat Mirziyoyev ya hau mulki ya sauya hanya. A 2017 aka sake buɗe babbar mashigar da ke kusa da Osh, jiragen sama suka dawo tashi tsakanin Tashkent da Dushanbe, babban birnin Tajikistan, bayan shekara 25 da dainawa. A 2018 aka cire biza tsakanin Uzbekistan da Tajikistan ga masu gajeriyar ziyara, aka kuma shiga aikin tone nakiyoyi. 'Yan'uwan da suka yi shekaru ba su halarci jana'izar juna ba suka sake gaisawa. A 2022 Uzbekistan da Kirgistan suka daidaita sauran iyakarsu ta hanyar musayar fili, ciki har da batun madatsar Kempir-Abad.

Ranar 13 ga Maris na 2025, a Bishkek, shugaba Sadir Japarov na Kirgistan da shugaba Emomali Rahmon na Tajikistan suka sa hannu kan yarjejeniyar iyakarsu, aka buɗe mashigai bayan kusan shekara huɗu a rufe. Ranar 31 ga watan kuma shugabannin uku suka haɗu a birnin Khujand suka amince da wurin da iyakokinsu uku suka haɗu. Abin lura shi ne irin maganar da aka zauna aka yi. An bi iyakar ƙauye bayan ƙauye. An yi musayar filaye. An ware wasu hanyoyi da kowane ɓangare zai bi ba tare da tsangwama ba. An amince a riƙa kula da mararrabar Golovnoy tare. Wato ruwa, da hanya, da fili, abubuwan da tun 1991 ya kamata a rubuta.

Amma sulhun yana da farashinsa, kuma talaka ne ya biya wani sashe. Wani ƙauyen Kirgizawa mai suna Dostuk, ma'anar sunan abota, ya koma Tajikistan, mazaunansa sai ƙaura. A 2022 ma, da wasu 'yan siyasa da masu fafutuka a Kirgistan suka soki yarjejeniyar Kempir-Abad, an kama fiye da 20 daga cikinsu. An yanke abubuwa da yawa daga sama, ba a tambayi na ƙasa ba. Kuma shata iyaka bai ƙara ko taki ɗaya na ciyawa ba. Dabbobi sun ƙaru, filayen kusa da ƙauyuka sun gaji, ƙanƙarar duwatsu da ke ba da ruwa tana raguwa. Batun harshe da wakilci na ƙananan ƙabilu, kamar Uzbekawan Osh da Tajikawan Sokh, yana nan yana jiran kowace gwamnati.

Jama'a, labarinsu daban, namu daban. Iyakokinmu Turawan mulkin mallaka ne suka zana, kuma ba mu taɓa zama ƙarƙashin gurguzu irin nasu ba. Amma akwai wuri ɗaya da ya kamata mu buɗe kunne. Tun 1998 ƙungiyar ECOWAS, wadda wasunmu ke kira CEDEAO, take da ƙa'idar ƙetara iyaka da dabbobi, da takardar shaidar da makiyayi ke riƙewa. A watan Janairu na 2025 Nijar da Mali da Burkina Faso suka kammala ficewa daga ƙungiyar. Ba hurumin wannan shiri ba ne ya ce wane ya yi daidai. Abin da Kwarin Fargana ya nuna shi ne, duk lokacin da tsohon tsari ya kau, akwai ƙananan yarjejeniyoyi da yake ɗauke da su waɗanda ba a tunawa da su sai ranar da aka tare garke a burtali, ko aka sauke kaya a bakin shinge. Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Don haka ga ardo-ardo, da shugabannin ƙungiyoyin makiyaya, da sarakunan kasuwa da na tasha: ku tambayi hukumomin ɓangarorin biyu wace takarda ce ke aiki bana, kafin garke ya tashi. Ku nemi a rubuta ranar shiga da ranar fita, da burtalin da za a bi, da mashayar da aka yarda, da wanda za a kai wa ƙara idan dabba ta yi ɓarna ko aka ƙwace ta. Ku riƙe lambar wayar takwarorinku na tsallake, ku san juna tun ana zaman lafiya. Wanda ya ba wani amanar dabbobi zuwa wata ƙasa, ya yi a gaban shaidu.

A nan za mu dakata. Mai tambaya ko ƙarin bayani, musamman wanda ya ga yadda ake sasanta rikicin mashaya a yankinsu, ya aiko mana mu karanta wa jama'a. Allah ya ba mu damina mai albarka, ya tsare dukiya, ya kai matafiya gida lafiya. Sai mako mai zuwa idan Allah ya kai mu. Wassalamu alaikum.